Goggo Asta da Hannun da Bai Kai Kunne Ba

Duk wanda ya taɓa shiga mota a tashar Bolari a shekarun da kuɗin mai suka fara yawa a ƙasar nan ya san Goggo Asta mai masa. In bai san sunanta ba, ya san hayaƙinta. Ƙaramar mace ce siririya, mai magana ƙasa-ƙasa kamar ba ta son iska ta ji. Ba wanda ya taɓa jin ta ɗaga murya. Amma direbobi sukan ce gara ka yi faɗa da 'yan kamasho gaba ɗayansu da a ce Goggo ta dube ka ta ce, "To, ba komai." Daga ranar sai ka riƙa tafiya kana waiwaye.

Daga wani ƙauye na wajen Dukku ta zo Gombe, shekarar da aka samu 'yancin kai. Mijinta Wakili ta biyo, wanda ya samu aikin lebura wajen shimfiɗa layin dogo. Jirgi ya iso gari aka yi ta murna, shi kuwa Wakili bai daɗe ba ciwon ciki ya ɗauke shi. Allah bai ba su haihuwa ba. 'Yan'uwa suka ce ta tattara ta koma gida, ta ce to, ba komai. Tana fita takaba ta sayi tanda, ta kafa murhu a bakin tasha. Komawar da ba ta yi ba ke nan.

Jumma 'yar ƙaninta Hamman ce. Tun tana goye aka ga ba kamar sauran yara take ba. Fuskarta a zagaye, idanunta ƙanana, harshenta da nauyi, hannuwa da yatsu gajeru. Ta makara wajen zama, ta makara wajen tafiya, magana kuwa sai ɗaya-ɗaya. An kai ta asibiti, likita ya ce halitta ce, ba ciwon da allura ke warkarwa ba. An ba ta rubutu ta sha, an yi turare. Da uwar ta sake haihuwa hidima ta yi mata yawa, Goggo ta je suna, ta dawo da Jumma a bayanta. In aka tambaye ta yaya aka yi aka ba ta riƙo, sai ta ce, "Ni ban roƙa ba. Na dai goya ta na nufi ƙofa, ba wanda ya ce in sauke."

A tasha Jumma ta girma, tsakanin tanda da tayoyi. Ba abin da take so kamar mota. In ta ji an ta da inji, sai ta taka da ɗan gudunta ta daki gefen motar da hannu, ta ce, "Ka dawo!" Da farko dariya ake yi, wasu ma korar ta suke yi.

Sai wata rana Bobbo, babban direbobin tashar, mai gingimari da ƙaton ciki da murya kamar ganga, ya ɗauko auduga ya nufi Kaltungo. A wani gangare birki ya tsinke. Motar ta bar titi ta shiga gonar dawa, ta yi ta cin kara har ta gaji ta tsaya. Ko ƙwarzane ba wanda ya samu. A makon nan kuma wani direba da ya daka wa Jumma tsawa ya ce, "Matsa, doluwa!" injinsa ya buga tun bai kai Bauchi ba. Bobbo ya zauna ya haɗa wannan da wancan, ya tuna ran nan Jumma ta daki motarsa har sau biyu.

Shi ke nan. Daga nan ba gingimari, ba a-kori-kura, ba Fijo da za ta bar Bolari sai Jumma ta dake ta. Aka riƙa cusa mata sadaka a aljihu, da alewa, da goro, wani har da turmin atamfa. Limamin masallacin tasha ya yi wa'azi ya ce wannan camfi ne, mai tsarewa Allah ne. Direbobi suka ce, "Gaskiya ne, Malam, Allah ya ƙara sani." Suna sa takalma suka je suka yi layi.

Mutane suna cewa Goggo ta yi dace, ga yarinya ana mata alheri. Ita kuwa abin yana ci mata rai. Takan juya masa tana cewa a ƙasan maƙoshi, "Sun mai da mini yarinya laya. Saura su rataye ta a madubi."

Akwai kuma abin da Goggo ta sani, direbobi ba su sani ba. In motocin safe suka watse, Jumma takan ɓace. Ba nisa take yi ba. Akwai wata firamare a bayan tasha, marar katanga, nan take zuwa ta ɗora haɓarta a tagar aji ɗaya. In yara suna rera ƙidaya, tana bi da nata harshen. In sun miƙe ta gyara tsayuwa, in sun zauna ta tsuguna, sai ta ga ba ta ganin komai ta sake miƙewa. Da yamma takan jera guntayen itacen Goggo a ƙasa tana musu faɗa.

Sai ga shekarar da gwamnati ta yi shela cewa kowane yaro ya shiga makaranta kyauta. Rediyo ya faɗa, masu unguwa suka bi gida-gida. Goggo ta ji da kunnenta an ce kowane. Ta ɗauki atamfar sadaka ta kai wa tela, ya musanya mata da shuɗin yadi, ya ɗinka wa Jumma rigar makaranta.

A lokacin ba kowa ke da takardar haihuwa ba, don haka akwai yadda ake gane yaron da ya isa shiga. Zai ɗaga hannun dama ya ɗora ta saman kai, ya kamo kunnen hagu. In yatsu suka taɓa kunne, ya isa. In ba su taɓa ba, sai baɗi. Hedimasta Malam Yuguda ne ke gwajin da kansa, a ƙarƙashin bishiyar dogon yaro. Dogon mutum ne mai tabarau, ba mugu ba, sai dai yana son komai ya tafi bisa tsari.

Yara ƙanana, waɗanda Jumma ta girme su da shekaru, suka yi ta kamo kunne suna wucewa. Da aka zo kanta ta ɗaga hannu tana murmushi, ta miƙa, ta ƙara miƙawa har ta fito da harshe. Yatsun suka tsaya a sama da kunnen, saura kaɗan.

Malam Yuguda ya ce, "Bai kai ba. Sai baɗi."

Goggo ta ce, "Malam, ta kusa shekara goma fa."

"Ni ba shekara nake dubawa ba, Goggo. Hannu nake dubawa."

"Hannun nan ko baɗin baɗaɗa ba zai kai ba. Haka Allah ya yanka shi."

Ya cire tabarau ya jawo ta gefe, ya rage murya. Ya ce ta dubi yaran nan, aji ɗaya ya fi ƙarfin malamai biyu, ga shi malama ɗaya ce. A ƙasa suke zama. Wa zai kula da irin Jumma? Yara za su tsokane ta, ta yi kuka, karatu ya tsaya. Makafi suna da makarantarsu can Gindiri, amma irin nata shi bai san inda ake kai su ba. Ya ce, "Ai tana samun alheri a tasha. Ki bar ta inda ake son ta."

Goggo ta dubi Jumma, wadda har yanzu hannunta na kan kai tana jira a ce ta wuce. Ta sauke mata hannun a hankali, ta ce, "To, ba komai."

Da Malam Yuguda ɗan tasha ne, da bai yi barci mai daɗi ba.

Washegari direbobi suka zo karin kumallo suka tarar da duwatsun murhu uku da toka mai sanyi. Ba masa, ba Jumma. Bobbo ya bi ƙamshi har bayan tasha, ya same ta ta kafa tanda a bakin hanya, daidai inda filin makaranta ya fara, tana fifita wuta.

"Goggo, lafiya? Me muka yi miki?"

"Ba ku yi komai ba, Bobbo. Hayaƙin motocinku ke sa ni tari. Tsufa ya zo."

"To Allah ya sawwaƙe. A ba mu Jumma ta je ta sallame mu, rana na yi."

"Ga ta can a taga. Ni ban ɗaure ta ba. Je ka kira ta."

Bobbo ya je da ƙaton cikinsa ya tsuguna, ya fito da alewa. "Jumma 'yar albarka, zo mu je mota."

Jumma ko waiwayowa ba ta yi ba. Da ta saba sai motoci sun tafi take samun zuwa, yau ga ta a taga tun farkon karatu. Ta riƙe ƙarfen tagar da hannu biyu ta ce, "Makaranta."

Ya roƙa, ya yi wasa, ya yi alkawarin tsire. Ta karɓi alewar ta ce, "Makaranta."

Bobbo ya dawo yana share zufa. Goggo ta miƙa masa masa a ganye ta ce, kamar mai magana da tanda, "Ita dai ba ta da taya. Ban sani ba ko motar ce ke da shi."

Kafin hantsi gingimarin Bobbo ya shigo filin ƙwallon makaranta ya tsaya a gindin taga. Jumma ta saki hannu ɗaya ta dake shi, ta ce, "Ka dawo!" ta koma ga karatunta. Na bayansa ya matso. Na bayan wancan ya danna oda don a yi sauri.

Kafin mako ya zagayo tashar Bolari ta tare a makaranta. Inda mota take nan fasinja yake, inda fasinja yake nan mai rake da mai shayi da mai faci suke. 'Yan kamasho suna ta ihu a bakin azuzuwa, "Bauchi! Jos! Saura mutum ɗaya!" Akuyar wani fasinja ta shiga ofis ta ci gefen taswira. Yaran aji uku suka haddace odar kowace mota. An ce wani malami ya yi tambayar lissafi, aji duka suka amsa masa da "Saura mutum ɗaya!"

Malam Yuguda ya fito har tabarau na rawa. "Goggo! Wannan wane irin abu ne?"

"Sannu da aiki, ranka ya daɗe. A sa maka ta nawa?"

"Ki kwashe tandarki daga makarantata!"

Ta leƙa ƙasa ta dubi ƙafafunta. "Ai nan hanya ce, Malam. Makarantarka daga wancan dutsen ta fara. Ni masa nake soyawa. Motoci kuwa ban iya tuƙi ba."

Ya juya kan direbobi, suka ce su ba su da magana da shi, a daki motarsu su tafi. Ya aika aka kira ɗan sanda. Ɗan sandan ya zo ya saurari kowa, ya ci masa da miyar taushe, ya ce zai kai rahoto. Da zai tafi ya tura kekensa ta gindin taga a hankali, har sai da Jumma ta daki sirdin.

Malamar aji ɗaya ita ce Malama Ugoma. A Gombe aka haife ta, iyayenta mutanen kudu ne, sun tafi lokacin yaƙi suka dawo bayansa, Hausarta kuwa har da karin Bolari. Ita ce ta daɗe tana barin tagar nan a buɗe ko ana ruwa. Ranar da labari ya zo cewa sufeton makarantu na tafe daga Bauchi, ta sami hedimasta a ofis ya dafe kai.

Ta ce, "Ranka ya daɗe, yarinyar nan fa tun bara tana ajina. Ƙafafunta ne kawai a waje."

"Malama, kin san yawan yaranki?"

"Na sani, ni nake share musu hanci. Ɗaya ba za ta karya ni ba. Zan zaunar da ita a gaba kusa da ni. Ba za ta yi saurin sauran ba, ni ma ban ce za ta yi ba. Amma tana zuwa kafin kowa, kuma ba ta taɓa jifan kowa da alli ba. A cikin waɗanda hannunsu ya kai, nawa za ka faɗa wa haka?"

"Doka ce. Na faɗa a gaban jama'a hannu bai kai ba. In koma in ce me?"

"Kada ka ce komai. Yara suna girma. A sake gwadawa."

A waje wani ya danna oda mai tsawo, akuya ta amsa.

Da safe aka fito da tebur ƙarƙashin dogon yaro. Direbobi suka kashe injuna suka kewaye, fasinjoji suka leƙo ta saman kaya. Goggo ba ta tashi daga gaban tanda ba, ta dai ce, "Je ki, bingel am," wato ɗiyata, da Fulatancin da ba ta yi sai abu ya kai mata zuci.

Jumma ta tsaya a gaban hedimasta cikin shuɗiyar rigarta, wadda tun ranar farko ta ƙi yarda a cire mata. Ta ɗaga hannu ta ɗora a kai, ta miƙa. Yatsun suka tsaya inda suka tsaya ran nan. Wurin ya yi tsit har ana jin mai na tafasa a tanda.

Malam Yuguda ya gyara tabarau, ya sunkuya kamar mai dubawa da kyau. Ya sa babban yatsansa a ƙasan kunnen yarinyar, ya turo shi sama, ya ƙara turowa, har kunnen ya je ya sami yatsun a inda suke.

Ya miƙe ya ce, "Ya kai."

Bobbo ya ce, "Wallahi ya kai! Har ya wuce! Ni shaida ne!" Duk aka ɗauka, kowa ya ce a kan idonsa aka yi. Aka danna oda gaba ɗaya har tsuntsaye suka watse daga bishiya. Malama Ugoma ta kama hannun Jumma. Yarinyar ta ja ta za ta nufi taga, Malama ta ce, "A'a, yau ta ƙofa."

Wanda ya riga ka barci dole ya riga ka tashi. Washegari direbobi suka tarar da Goggo a tsohon wurinta na bakin tasha, hayaƙi na tashi, tari ya warke.

Bobbo ya ce, "Madalla! Ina Jumma?"

"Tana makaranta."

"To wa zai sallame mu?"

"Oho. Ba kai ka ce har ya wuce ba? Ɗalibi ba ya fita sai an tashi tara."

Bobbo ya dubi sauran, suka dube shi. Wani yaron mota ya fashe da dariya, aka make masa ƙeya.

Suka kwasa zuwa makaranta, Malama Ugoma ta tare ƙofa. Ta ce daga yau ba mota a fili, ba oda. Mai so ya tsaya a bakin hanya, in an kaɗa ƙararrawar tara Jumma za ta fito in ta ga dama. Bobbo ya laluba aljihu ya ce to ga sadakarta. Malama ta ce aljihun ɗaliba ba asusu ba ne. Ta matsa gefe ta nuna masa yara zube a ƙasa, Jumma a gaba ta miƙe ƙafa. Ta ce, "Kuna dawowa daga kudu da katako, ko ba haka ba?"

Haka aji ɗaya ya samu benci kafin ajin manya, daga baya har da kwanon rufi. Haka kuma motocin Bolari suka koma tashi bayan tara, fasinja ya yi ta mita ba mai kula shi.

Ba a nan wahalarsu ta tsaya ba. A makaranta kowace safiya ana jera yara a duba farce da haƙora, abin ya burge Jumma ƙwarai. Ranar da ta fito ta ga direbobi sun yi cirko-cirko, sai ta ce, "Layi!" Suka yi layi. Ta ce, "Hannu!" Bobbo ya miƙa hannuwansa baƙi ƙirin da man inji. Ta juya su, ta girgiza kai irin na Malama, ta ce, "Wanke." Ta wuce motarsa ba ta daka ba. Sai da ya je famfo ya dirje da toka. An daɗe ana cewa daga Gombe har Jos ba direbobi masu tsabtar farce kamar na Bolari.

Abin da hedimasta ya ji tsoro bai ƙi faruwa ba. An tsokane ta, ta yi kuka, akwai ranar da ta shige ƙarƙashin tebur ta ƙi fitowa. Malama ta ba ta aikin raba alli, wanda duk ya tsokane ta sai ya jira nasa a ƙarshe. Ta maimaita aji ɗaya, ta daɗe a aji biyu. Ta iya rubuta sunanta da manyan baƙaƙe masu jingina da juna, ta iya ƙirga masa a faranti ba ta tsallake ba, ta iya cewa "ban so" in ba ta so. Goggo ta ce wannan na ƙarshen ya fi mata duka.

Bayan Jumma wata mata mai suna A'i ta kawo ɗanta da ba ya magana, wanda aka daɗe ana ɓoyewa a ɗaki. Malam Yuguda ya dubi yaron, ya leƙa bakin hanya ko zai ga hayaƙin tanda, ya ce a kai shi wurin Malama Ugoma.

An sha tambayar Goggo ko ta yarda hannun Jumma na tsare mota. Takan ce, "Allah ke tsarewa. Amma direban da ya yi layi, ya wanke hannu, aka sa shi dariya, ba ya tuƙi irin na wanda ya fita da fushi." In aka ce ita ta shirya wa hedimasta tarko, sai ta ce ita tari ne ya kore ta.

Ta rasu da tsufanta a ɗakinta na Bolari, Jumma na kusa da ita, ita ce ma ke juya masar a shekarun ƙarshe. Malam Yuguda ya zo ta'aziyya, ya yi ritaya, yana dogara sanda. Jumma ta gan shi a zaure ta gane shi. Ta miƙe tsaye ta gyara mayafi, ta ɗora hannun dama ta saman kai. Yatsun suka tsaya inda suka saba tsayawa. Sai ta sa babban yatsan hagu ta turo kunnen sama har ya same su, domin ita a saninta haka ake yi.

Tsohon ya cire tabarau ya goge da bakin riga, ya mayar, ya duba da kyau.

Ya ce, "Ya kai."